Gajerun fina-finan katun na barkwanci kafin zuwan sauti

Waɗannan fina-finai ne na zane mai motsi da aka riƙa yi, galibi a Amurka da Faransa, daga farkon ƙarni na 20 zuwa ƙarshen shekarun 1920. Tsawonsu 'yan mintuna ne, kuma babu magana a cikinsu. Makaɗin fiyano ne kan zauna a gidan silima yana raka hoton da kiɗa, don haka galibin abin dariyar daga motsi yake fitowa.

A 1906 J. Stuart Blackton ya yi Humorous Phases of Funny Faces, inda fuskokin da aka zana da alli a kan allo ke murmushi da juya idanu. A 1908 kuma Émile Cohl ya fito da Fantasmagorie a Paris, da zane kusan 700 a fim ɗin da bai kai minti biyu ba.

Wanda ya sa wa zanen rai da hali shi ne Winsor McCay, da Gertie the Dinosaur a 1914, fim a kan wata ƙatuwar dabba irin ta zamanin da can. Yakan tsaya a dandali kusa da allon majigi, ya kira ƙatuwar dabbar ta fito daga kogo. Ya ce ta ɗaga ƙafa, ta ɗaga. Ya yi mata tsawa, ta fashe da kuka. Aikin ya ci zane wajen 10,000, kuma kowace takarda sai da mataimakinsa ya sake zana duwatsu da tafkin da ke bayan dabbar. Wahala ke nan ta gaske. Maganinta ya zo a wannan shekarar, da Earl Hurd ya ƙirƙiro zane a kan fallen roba garai-garai da ake ɗorawa bisa hoton baya guda ɗaya. Daga nan sana'ar ta koma ta kamfanoni masu fitar da fim a kai a kai.

Tauraron zamanin shi ne Felix the Cat, baƙin muzurun da ya ɓullo a 1919 daga kamfanin Pat Sullivan, kodayake Otto Messmer ne ke zana shi. In abu ya ɗaure masa kai, sai ya harɗe hannuwa a baya yana kai-komo, can ya cire wutsiyarsa ya mai da ita sanda ko ƙugiya.

Da Walt Disney ya fitar da Steamboat Willie mai sauti a Nuwamban 1928, Sullivan ya yi jan ƙafa wajen karɓar sabuwar fasahar, kasuwar Felix kuwa ta faɗi.