Jörn Donner na Finlan: ɗan fim ne, marubuci ne, ko ɗan siyasa?

Wane ne Jörn Donner?

Mutumin Helsinki ne, babban birnin Finlan. A can aka haife shi ranar 5 ga Fabrairu 1933, a can kuma ya rasu ranar 30 ga Janairu 2020, saura kwana shida ya cika shekara 87. Gidan ilimi ya fito. Kakansa Otto Donner farfesan harsuna ne, mahaifinsa Kai Donner kuwa har Siberiya ya je yana nazarin harsunan mutanen can, ya rasu a 1935 ya bar yaron da shekara biyu.

In ɗan Finlan ne, me ya sa littattafansa suke da harshen Suwidin?

Domin shi ne harshen da ya tashi da shi a gida. Finlan na da harsunan gwamnati biyu, kuma kusan mutum biyar cikin ɗari na 'yan ƙasar harshen Suwidin ne harshen uwarsu, gadon ɗaruruwan shekarun da ƙasar ta yi ƙarƙashin sarautar Suwidin kafin 1809. Wannan ne ya ba shi ƙafa biyu, ɗaya a Helsinki ɗaya a Stockholm, babban birnin Suwidin, inda ya yi aikin sharhin finafinai a jaridar Dagens Nyheter. A 1985 littafinsa na ƙagaggen labari *Far och son*, wato uba da ɗa, ya ci kyautar Finlandia, wadda babu kamarta a adabin ƙasar.

Fitowarsa a fim fa?

Da bayar da umarni ya fara. Fim ɗinsa na farko, a 1963, ya ci kyautar sabon darakta a bikin Venice na Italiya. Da ya koma gida sai ya riƙa sa kansa a matsayin jarumi cikin finafinansa, tsakanin 1968 da 1970, labaran aure da cin amana da suka jawo surutu saboda tsiraici. A ganina ba a nan girmansa yake ba. A gaban kyamara Donner kansa kawai yake fitowa, ba ya rikiɗa ya zama wani.

To a ina girman nasa yake?

A bayan kyamara. Yana cikin waɗanda suka kafa ma'adanar finafinai ta Finlan a 1957, yana ɗan shekara 24. Daga 1978 zuwa 1982 shi ya shugabanci Cibiyar Finafinai ta Suwidin, kuma a wannan kujerar ya yi aikin da na fi ganin ƙimarsa.

Ingmar Bergman, babban daraktan Suwidin, ya yi fushi ya bar ƙasarsa a 1976 bayan an tuhume shi kan haraji, ya koma Munich ta Jamus. Yana da wani dogon labari a hannu mai cin kuɗi ainun. Donner, wanda tun 1962 ya rubuta littafi guda a kan finafinan Bergman, ya tsaya kai da fata sai an yi fim ɗin a Suwidin, ya kuma ɗauki nauyin nemo kuɗin. Haka aka samu *Fanny och Alexander* a 1982, fim mafi tsada da ƙasar ta taɓa yi zuwa lokacin. Fim ɗin ya ci kyautar Oscar huɗu a 1984. Bergman bai je Amurka ba, Donner ne, a matsayinsa na furodusan fim ɗin, ya hau dandamali tare da matar daraktan suka karɓi kyautar fim mafi kyau cikin harshen waje. Furodusa shi ne wanda 'yan kallo ba sa tunawa da shi, alhali da bai yi kasadar ba da babu abin da za a kalla.

Da gaske ya yi siyasa?

Ƙwarai. Ya zauna a majalisar dokokin Finlan daga 1987 zuwa 1995, ya yi ƙaramin jakada a Los Angeles, sannan ya wakilci ƙasarsa a Majalisar Turai daga 1996 zuwa 1999. Ya sauya jam'iyya fiye da sau ɗaya, kuma bai iya ɓoye abin da ke ransa ba, shi ya sa masoyansa da maƙiyansa duk suke da yawa.

Ya bar fim da ya tsufa?

Bai bari ba. Yana da shekara 82 ya fitar da fim a 2015 kan Armi Ratia, matar da ta kafa kamfanin tufafi na Marimekko.