Dokar kujerun mata a Samoa: abin da ta tanada da abin da ake jingina mata

Wanda ya ji labarin rikicin siyasar 2021 na Samoa, ƙasar tsibirai da ke tekun Pacific, sama-sama zai ɗauka cewa ƙasar tana da dokar da ke tsige namiji daga kujerarsa a ɗora mace, ko kuma alfarmar wannan doka ce ta kai Fiame Naomi Mata'afa ga zama firaminista. Ko ɗaya ba haka yake ba. Fiame tana cin zaɓenta a mazaɓar Lotofaga tun 1985, ta zama minista a 1991, mace ta farko da ta riƙe wannan muƙami a ƙasar. Ita kuwa dokar sai a 2013 aka shigar da ita cikin kundin tsarin mulki, a sashe na 44.

Abin da ta tanada shi ne kada mata su gaza kashi 10 cikin 100 na 'yan majalisa. Ba a keɓe wa mata wata mazaɓa ba, gwamnati kuma ba ta naɗa wadda ta ga dama. Ana yin zaɓe yadda aka saba, sai a ƙirga matan da suka ci. In sun kai, shi ke nan. In ba su kai ba, sai a duba matan da suka faɗi, a ɗauki wadda ta fi samun kaso mai yawa na ƙuri'un mazaɓarta, a ƙara mata kujera. Namijin da ya kayar da ita yana nan daram. Haka aka yi a 2016: mata huɗu suka ci, aka ƙara ɗaya, kujeru suka tashi daga 49 zuwa 50.

Inda gizo ke saƙa shi ne lissafi. Masu rubuta dokar, bayan sun ambaci kashi 10, sai suka ƙara da cewa don kawar da shakku, adadin a yanzu biyar ne. Wannan ƙarin bayanin shi ya haifar da shakkun. Kafin zaɓen 9 ga Afrilu 2021 kujeru sun koma 51. Mata biyar suka ci, wato kashi 9.8. To biyar ɗin za a bi, ko kashi 10?

Tambayar ta yi nauyi ne saboda jam'iyyar FAST da Fiame ke jagoranta a lokacin da HRPP ta firaministan lokacin Tuilaepa Sa'ilele Malielegaoi kowacce ta samu kujeru 25, ga ɗan takara mai zaman kansa guda ɗaya da ya karkata ga FAST. Ana cikin haka hukumar zaɓe ta ba wata 'yar HRPP kujerar ƙari, aka koma 26 da 26. Dokar da aka yi don mata sai ga shi ta tare wa mace hanya.

Kotun Ƙoli ta soke kujerar a 17 ga Mayu. Kotun Ɗaukaka Ƙara, wadda a Samoa ita ce a sama, ta yanke a watan Yuni cewa shida ne adadin, amma ba a cike gurbin sai an kammala ƙararrakin zaɓe da zaɓukan cike gurbi, tunda mace na iya cin kujera a can. Hukuncin yana da ma'ana, domin ba a ƙirga kaji kafin a gama ƙyanƙyasa. A 23 ga Yuli kotun ta tabbatar da rantsuwar kama aikin firaminista da Fiame ta yi cikin rumfa a harabar majalisa ranar 24 ga Mayu, bayan ta tarar da ƙofa a kulle.

Abin da dokar ba ta taɓa ba shi ne sharaɗin tsayawa takara. Tun zaɓen 1991 kowane baligi na jefa ƙuri'a, amma ba mai tsayawa sai mai sarautar gargajiya ta matai, wanda kuma ya yi wa ƙauyensa hidimar da ake kira monotaga. Mafi yawan masu sarautar maza ne, akwai ma ƙauyukan da ba su yarda mace ta riƙe ta ba. Macen irin wannan ƙauye, ko kujerar ƙarin ba za ta samu ba, domin sai wadda sunanta ya hau takardar ƙuri'a ake ba.