Survivor: wanda ka kora shi ne alƙalinka

A majalisarmu ta Tudun Wada, nan Kaduna, wani ƙanena ya dage cewa zalunci ake yi a shirin talabijin na Survivor na Amurka, tunda wanda ya fi kowa ƙarfi da jure yunwa sau da yawa ba shi ke ɗaukar kuɗin ba. Na ce masa, ɗan'uwa, fara duba dokar tukuna.

Ana kai mutane daji ko tsibiri, a raba su ƙungiya-ƙungiya. Ƙungiyar da ta faɗi gasa sai ta zauna da dare, kowa ya rubuta a asirce sunan wanda yake so a kora. Wanda sunansa ya fi fitowa ya tattara nasa ya nasa. Ga inda gizo ke saƙar: waɗanda aka kora daga tsakiyar wasa zuwa ƙarshe su ne alƙalan da ke zaɓen mai cin dala miliyan 1. Wato ka kori mutum yau, gobe ka dawo roƙon ƙuri'arsa.

A zagayen farko, shekarar 2000 a Malesiya, mutum 16 aka kai na kwana 39. Yawancinsu kowa na zaɓen abin da ransa ya ba shi. Richard Hatch ya haɗa ƙawancen mutum huɗu suna jefa ƙuri'a wuri guda, a ƙarshe ya ci kuɗin da ƙuri'un alƙalai 4 da 3. Tun daga nan wasan ya koma lissafi, duk mai rinjaye sai ya yi ta tsintar 'yan tsiraru ɗai-ɗai.

Don karya wannan ne a 2005 aka shigo da layar kariya da ake ɓoyewa a daji. Daga 2007 dokarta ta zama haka: ka fito da ita bayan an jefa ƙuri'a, kafin a karanta, duk wadda aka jefa maka ta rushe. Sai masu rinjaye suka koyi shammata, ba a bari mutum ya san shi ake hari. Suka kuma koyi raba ƙuri'a: in ku shida ne, uku kan wane, uku kan abokinsa, ko wane ya tsira da laya, ɗayan ya tafi. A 2021 aka rage kwanakin zuwa 26, ƙawance ya zama na yau da ni, gobe da wani.

Amma ba a taɓa ƙwace hukuncin ƙarshe daga hannun korarru ba, kuma ni ina goyon bayan haka ɗari bisa ɗari. A 2009 a Samowa, Russell Hantz ya riƙa tono layu ba tare da an ba shi alama ba, ya juya wasan yadda ya so, yana wulaƙanta mutane a hanya. Ranar hukunci mutanen nan suka ba abokiyar takararsa Natalie White ƙuri'a 7, shi ya tashi da 2.