Dokar da ta mayar da mako kwana goma a Faransa

A ranar 5 ga Oktoba 1793, majalisar da ke riƙe da Faransa bayan juyin juya hali ta zartar da dokar da ta soke kalandar Miladiyya a harkokin hukuma. Aka sake yi mata kwaskwarima, cikakkiyarta ta fito ranar 24 ga Nuwamba. Gilbert Romme, ɗan majalisa kuma masanin lissafi, shi ya jagoranci kwamitin da ya tsara ta. Ba su ɓoye manufarsu ba. Sun tuɓe sarki, suna kuma so su raba lissafin kwanaki da coci.

Abin farko da dokar ta taɓa shi ne mafarin ƙirga. Shekara ta ɗaya ta fara daga 22 ga Satumba 1792, ranar da aka ɗauka a matsayin haihuwar jamhuriya. Wato ranar da aka yi dokar, an riga an shiga shekara ta biyu. Kowace sabuwar shekara kuma za ta kama ne da tsakar daren ranar da tsawon dare da na yini suka yi daidai a lokacin kaka, bisa lissafin cibiyar nazarin taurari ta birnin Faris.

Watanni sun tsaya a goma sha biyu, amma kowanne kwana talatin cif. Hakan ya ba da 360, sai aka jingina ragowar kwana biyar a ƙarshen shekara a matsayin ranakun biki, su zama shida a shekara mai ƙarin kwana. Wani mawaƙi, Fabre d'Églantine, ya raɗa wa watannin suna daga yanayin ƙasar: Vendémiaire watan tsinkar inabi, Brumaire na hazo, Nivôse na dusar ƙanƙara, Messidor na girbi, Thermidor na zafi. Kowace rana ma an cire mata sunan waliyyin Kirista an ba ta na tsiro, ko dabba, ko kayan aikin gona. A nan dai sun yi abin burgewa, ko da yake sunayen ba su da ma'ana ga mutumin da ke zaune a yankunan da Faransa ke mulka a ƙasashe masu zafi, inda ba a taɓa ganin dusar ƙanƙara ba.

Inda gizo ke saƙar shi ne mako. Dokar ta kashe mako mai kwana bakwai, ta raba wata gida uku, kowanne kwana goma. Ranakun suka koma lamba: ta ɗaya, ta biyu, har ta goma, wadda suka kira décadi, ita ce ranar hutu. Sai a yi lissafi. Da, ma'aikaci na da Lahadi 52 a shekara. Yanzu décadi 36 ne, sai ranakun bikin ƙarshen shekara. Kwana tara a jere mutum na aiki kafin ya miƙe ƙafa. Lahadi kuwa tana iya faɗowa kan kowace rana ta aiki, don haka mai son zuwa coci sai ya zaɓa tsakanin ibada da aiki.

Duk wanda ya san yadda kasuwannin ƙauye ke ci a ƙasar Hausa, wannan ranar Laraba, waccan ranar Juma'a, fatake na zagayawa daga wannan zuwa waccan, zai gane girman abin da aka taɓa. Manoman Faransa ma haka rayuwarsu take ɗaure da kwana bakwai, kuma da yawansu suka ci gaba da hutun Lahadi kamar ba a yi doka ba. Ganin haka, a 1798 gwamnati ta tsaurara: a rufe shaguna da makarantu ranar décadi, a tsara ranakun kasuwa bisa sabuwar kalanda, a kuma riƙa ɗaura auren hukuma a ranar décadi kaɗai. Sai an kai ga tilasta wa mutane ranar ɗaurin aure, ka san doka ba ta shiga zuciya ba.

Agogo ma bai tsira ba. Dokar ta raba yini da dare zuwa awa goma, kowace awa minti ɗari, kowane minti daƙiƙa ɗari. Awa ɗaya ta sabon tsari daidai take da awa biyu da minti 24 na agogonmu, rana tsaka kuma ta zama ƙarfe biyar. Masu ƙera agogo suka shiga yin masu nuna lissafi biyu a fuska ɗaya. Wannan sashe ya zama wajibi daga 22 ga Satumba 1794, aka dakatar da wajabcinsa ranar 7 ga Afrilu 1795, bai ko cika wata bakwai ba. Abin dariya, dokar da ta dakatar da shi ita ce ta kafa ma'aunin mita da lita da giram, wanda duniya ke awo da shi har yau.

Akwai kuma tufka da warwara a cikin dokar kanta. Wani sashe ya ce taurari ne ke yanke ranar farkon shekara, wani ya ce a ƙara kwana duk bayan shekara huɗu. Biyun ba sa tafiya tare har abada, domin lissafin taurari wani lokaci kan sa tazarar ta kai shekara biyar. Romme ya kawo shawarar gyara a 1795, amma rikicin siyasa ya rutsa da shi, aka yanke masa hukuncin kisa, ya kashe kansa a watan Yuni kafin a zartar da hukuncin. Fabre kuwa tun Afrilu 1794 aka fille masa kai tare da Danton, ɗaya daga cikin jagororin juyin juya halin.

Napoleon ne ya warware abin a hankali. Bayan ya sasanta da Fafaroma a 1801, aka mayar wa ma'aikatan gwamnati hutun Lahadi a 1802, sannan aka koma kalandar Miladiyya gaba ɗaya daga 1 ga Janairu 1806. Masu tawayen Faris sun ɗan farfaɗo da kalandar jamhuriyar na 'yan kwanaki a watan Mayun 1871. Ɗalibin tarihi a Yamai ko Damagaram har yanzu yana cin karo da ita a littafi, domin faɗuwar Robespierre, wani babban jagoran juyin juya halin, ana kiranta 9 Thermidor, wato 27 ga Yuli 1794, juyin mulkin da ya kawo Napoleon kuma 18 Brumaire, wato 9 ga Nuwamba 1799.