Melukat: wankan tsarki na mutanen Bali da yadda baƙo ke shiga cikinsa

Melukat ibada ce ta tsarkake jiki da zuciya da ruwa, wadda mabiya addinin Hindu na tsibirin Bali, a ƙasar Indonesiya, suke yi a maɓulɓulai, da mahaɗar koguna, da bakin teku, da gidajen manyan malamansu. Indonesiya ta fi kowace ƙasa yawan Musulmi, amma a Bali sama da kashi 80 cikin 100 na jama'a 'yan Hindu ne. Ruwa mai tsarki, wanda suke kira tirta, yana cikin kusan kowace ibadarsu, har a da akan kira addinin nasu Agama Tirta, wato addinin ruwa mai tsarki. A aƙidarsu mutum yana ɗaukar dauɗar da ido ba ya gani, wato mala, ta hanyar mugun tunani, ko mummunar magana, ko rashin lafiya, ko mugun mafarki, ko wata masifa da ta auka masa. Ita ce melukat ke wankewa. Sun yarda baƙi su shiga wannan ibada a wasu wurare, bisa sharuɗɗan da suke ɗora wa kansu.

Wuraren da ake yi

Wanda ya fi shahara shi ne wurin bauta na Pura Tirta Empul, a ƙauyen Manukaya na yankin Tampaksiring, gundumar Gianyar, tafiyar kamar minti 30 zuwa 40 a mota daga garin Ubud. Ana danganta kafuwarsa da shekarar 962, zamanin sarakunan Warmadewa. Labarin da mutanen wurin ke bayarwa shi ne wani azzalumin sarki mai suna Mayadenawa ya sa guba a ruwa ya kashe mayaƙan Indra, ɗaya daga cikin allolin Hindu, sai Indra ya soki ƙasa, ruwan magani ya ɓulɓulo. Ruwan nan yana gangarawa kogin Pakerisan, ya shayar da gonakin shinkafa, kuma yankin yana cikin tsarin ban ruwa na subak da hukumar UNESCO ta sanya a jerin kayan tarihi na duniya a 2012. A kan tudun da ke kallon wurin akwai fadar hutawa da aka gina wa Shugaba Sukarno.

Wurin bautar kashi uku ne, kamar sauran na Bali: farfajiyar waje, ta tsakiya inda tafkunan wanka suke, da ta ciki, jeroan, inda ake addu'a. Idon ruwan kansa yana cikin wani tafki da aka katange, ana ganin baƙin yashi yana tasowa daga ƙasansa, kuma ba a shiga ciki. Daga nan ake jan ruwan zuwa indararo wajen 30 na dutse da ke zuba cikin tafkunan wanka.

Wanda ba ya son cunkoso yana iya zuwa Pura Mengening da ke kusa, ko Gunung Kawi Sebatu, ko Tirta Sudamala a Bangli. Ana kuma yin melukat a griya, gidan babban malami, inda malamin ke zuba wa mutum ruwan da ya yi wa addu'a, sau da yawa haɗe da ruwan ɗanyar kwakwa mai ruwan ɗorawa. Wannan sai da alƙawari, kuma sai wani ɗan gari ya yi wa baƙo iso.

Wanda bai halatta ya shiga ba

Akwai halin da suke kira cuntaka ko sebel, wanda mai shi ba ya shiga wurin bauta sam, balle ruwan. Ya haɗa da mace mai jinin al'ada, da mai jego har kwana 42, da wanda aka yi wa rasuwa a gida kwanan nan, da mai buɗaɗɗen rauni da ke zubar da jini. Ba wanda zai bincike ki a ƙofa, amana ce aka bar wa kowa. Idan aka gano an karya dokar, mutanen ƙauyen ne za su tara kuɗi da lokaci su yi bikin sake tsarkake wurin, don haka ɓoyewa zalunci ne a kansu.

Akwai kuma abin da ya kamata mai karatu Musulmi ko Kirista ya sani tun kafin ya biya kuɗi. Masu tallar yawon buɗe ido sukan kwatanta melukat kamar wankan shaƙatawa. A gaskiya ana fara shi da hadaya da addu'a ga Sang Hyang Widhi Wasa, abin bauta mafi ɗaukaka a aƙidarsu, da allolin Hindu, musamman Wisnu mai kula da ruwa. Wanda imaninsa bai ba shi damar haka ba yana iya ɗaura zani ya zaga wurin, ya kalli gini da masu ibada daga gefe. Ba mai tilasta masa, kuma mutanen Bali sun saba da wannan, domin Musulmi 'yan ƙasarsu da yawa haka suke ziyartar wurin.

Sutura da hadaya

Mace da namiji duk sai sun ɗaura zani, kamen, wanda ya rufe gwiwa, su sha ɗamara a ƙugu, a rufe kafaɗa. Mai dogon gashi ta ɗaure shi. Zani biyu ake bukata: busasshe na yawo a farfajiya, da na shiga ruwa, wanda a Tirta Empul ake bayarwa haya, yawanci kore da jar ɗamara. A sa gajeren wando ko kayan ninƙaya a ƙarƙashi, a ƙulle zanin sosai, mata a bayan wuya, maza a ƙugu, saboda jiƙaƙƙen zani yana nauyi, ƙarfin ruwan indararo kuma yana kwance sako-sakon ƙulli. A zo da tawul da leda ta jiƙaƙƙun kaya da ƙananan kuɗi a hannu na haya da akwatin ajiya. Ba a shiga da sabulu ko man wanke gashi.

Hadayar ita ce canang sari: ɗan faifai mai kusurwa huɗu, kamar faɗin tafin hannu, da aka saƙa da ɗanyen ganyen kwakwa, aka jera furanni a ciki. Fari yana fuskantar gabas, ja kudu, ruwan ɗorawa yamma, shuɗi ko kore arewa, kowane launi na wani abin bauta ne. Ana ɗora turaren tsinke a kai. Ana sayar da su a bakin ƙofa. Mai babbar bukata yakan kawo hadaya mafi girma da ake kira pejati.

Yadda ake yi

Ana farawa a busashshiyar ƙasa, gaban bagadin da ke kusa da tafki. Namiji ya zauna ya tanƙwashe ƙafa, mace ta durƙusa ta zauna kan dugaduganta. A kunna turare, a ratsa hannuwa cikin hayaƙinsa, a haɗa tafuka a ɗaga su daidai goshi da fure a tsakanin yatsu, mutum ya nemi izni ya ƙudurta abin da ya kawo shi. Wannan zama na 'yan mintuna shi ne baƙi suka fi tsallakewa, alhali a wurin masu abin shi ne ƙofar ibadar.

Sai a shiga ruwa daga hagu, a bi layi zuwa dama, indararo bayan indararo. Ruwan yana kai wa babban mutum ƙugu ko ciki, yana da sanyi ƙwarai, ƙasansa duwatsu ne masu santsi da gansakuka, kifaye kuma suna yawo a ciki. A gaban kowane indararo mutum zai haɗa hannu ya yi gajeriyar addu'a, ya wanke fuska sau uku, ya kurkure baki sau uku, ya sunkuya ruwa ya zubo masa a ka sau uku. Jagorori sukan ɗan bambanta a jerin, amma ukun nan ba ya canzawa.

Tafki na farko a Tirta Empul yana da indararo 13. Biyu daga cikinsu, wajen ƙarshen layin, ruwansu na hidimar gawa ne da bikin ƙona ta, ngaben, kuma mai rai ba ya wanka da su. Wannan ne kuskuren da ya fi yawa, domin baƙo yana bin bayan wani baƙon da shi ma bai sani ba. A tambayi ma'aikacin wurin ya nuna su da hannu tun kafin a shiga. Sauran tafkunan kowane indararo da aikinsa, akwai na kore mugun mafarki, akwai na warware rantsuwa ko baki.

Bayan an fito sai a canza kaya, domin ba a shiga jeroan da jiƙaƙƙen zani. A can pemangku, malamin wurin mai fararen kaya, yana kaɗa ƙararrawa yana jagorantar addu'a mai gaɓa biyar: ta farko da ta ƙarshe hannu wofi, uku na tsakiya da fure ko ɗan ƙunshin ganye da ake kira kwangen. Daga nan zai yayyafa wa mutum tirta a ka, ya zuba masa a tafin hannun dama da aka ɗora kan na hagu, a kurɓa sau uku, a shafa a fuska da kai. Sai ya ba da jiƙaƙƙiyar shinkafa, bija, a manna a goshi da ƙasan maƙogwaro. Wani lokaci ana ɗaura wa mutum zaren tridatu a hannun dama, ja da fari da baƙi, alamar allolinsu uku, Brahma da Siwa da Wisnu. Duka hidimar takan ci awa ɗaya zuwa biyu, gwargwadon tsawon layi.

Game da shan ruwa, a yi hattara. A 2017 hukumomin Gianyar sun binciki rahotannin gurɓatar ruwan Tirta Empul da ƙwayar cutar E. coli. Ruwan tafkin ɗaruruwan mutane ne ke tsaye a ciki, kuma cikin baƙo bai saba da ruwan wurin ba. Kurkurewa a tofar a gefe ta wadatar, mai ciwon kunne ko ido kuwa gara ya haƙura.

Lokaci

Mutanen Bali sun fi yin melukat ranar cikar wata, Purnama, da ranar duhun wata, Tilem, da Kajeng Kliwon da ke zagayowa duk kwana 15. Babbar ranar ita ce Banyu Pinaruh, Lahadin da ke bin bikin Saraswati, allahiyar ilimi a wurinsu, sau ɗaya a kowane kwana 210 na kalandar Pawukon, inda tun asuba ake cika bakin teku da maɓulɓulai. A irin waɗannan ranaku masu ibada ne ke da fifiko, layi kuma yakan yi tsawo sosai. Baƙon da ke son natsuwa ya zo ranar aiki da sassafe, kafin motocin 'yan yawon buɗe ido su iso.

Zaman natsuwa

Yawancin azuzuwan yoga da zuzzurfan tunani da ake tallatawa a Ubud da Canggu salo ne na zamani da ya shigo daga waje. A gargajiyar Bali zaman tattara hankali, semadi, yana tafe ne tare da addu'a da azumi da kame kai. Ana karanta Tri Sandhya sau uku a rana, ƙarfe 6 na safe, 12 na rana da 6 na yamma, kuma baƙo zai ji ta daga lasifikar ƙauye. A daren Siwaratri, wajen watan Janairu, masu ibada suna kwana ido biyu, wasu da azumi da kame baki. A arewacin tsibirin, a Banjar ta gundumar Buleleng, akwai gidan ibadar Buddha na Brahmavihara-Arama, inda ake koyar da zaman natsuwa, sai dai wannan addini ne dabam.

Zaman shirun da kowane baƙo ke shiga, ko ya so ko bai so ba, shi ne Nyepi, sabuwar shekara a kalandarsu ta Saka, yawanci a watan Maris. Daga 6 na safe zuwa 6 na safen gobe ba kunna wuta, ba aiki, ba fita, ba nishaɗi. Filin jirgin sama na Ngurah Rai yana rufe awa 24, masu tsaron gargajiya, pecalang, suna sintiri a tituna, baƙi kuma suna zama cikin harabar otal, su rage haske da hayaniya. Kwanaki kaɗan kafin nan ake yin Melasti, jerin gwanon kai kayan bauta teku don a tsarkake su, wanda ake iya kallo daga gefen hanya cikin zani da ɗamara.

Dokoki da ladabi

Kada a ratsa ta gaban mai addu'a, kada a tsaya a inda kai zai fi na malami tsawo yana zaune, kada a miƙe ƙafa wajen bagadi, kada a taka canang da aka ajiye a ƙasa. Bayarwa da karɓa da hannun dama ne. Tsayawa ɗaukar hoto a gaban indararo yana tare layin mutanen da suka zo ibada daga nesa, don haka a bar wa wanda ke waje ya ɗauka.

A 2019 wasu baƙi biyu 'yan ƙasar Czech sun ɗauki bidiyon wasa da ruwa mai tsarki a wani wurin bauta na Ubud, abin ya tada hankalin jama'a, sai da suka nemi gafara suka halarci bikin neman afuwa. A 2023 Gwamnan Bali Wayan Koster ya fitar da takardar umarni ga baƙi, aka sabunta ta a 2025: ta hana shiga tsakiyar wurin bauta sai don ibada da cikakkiyar sutura, ta hana hawa bishiyoyi masu tsarki da hotunan tsiraici, ta kuma bukaci a yi amfani da jagora mai lasisi. An sha korar baƙi daga ƙasar kan irin waɗannan laifuka. Tun 14 ga Fabrairu 2024 kowane baƙo daga ƙasar waje yana biyan harajin shiga Bali na rupiya 150,000, ban da kuɗin ƙofar wurin bauta. Mai fasfo ɗin Najeriya ba ya samun biza a filin jirgi, sai ya nema tun daga gida, ya kuma riƙe katin rigakafin cutar shawara.