PRP ba ta mutu tare da Malam Aminu Kano ba

Har yau ana cewa ranar da aka binne Malam Aminu Kano aka binne jam'iyyarsa ta PRP. Tarihin zaɓe bai nuna haka ba.

Malam ya rasu a watan Afrilun 1983, jam'iyyar a rabe gida biyu, Santsi da Taɓo. Abubakar Rimi, wanda ya ci kujerar gwamnan Kano da tutarta a 1979, ya koma jam'iyyar NPP a wannan shekarar, Balarabe Musa kuma, gwamnan PRP na Kaduna, majalisar jihar ta tsige shi tun 1981. Duk wanda ya duba a lokacin zai ce ta gama yawo. Amma a watan Agustan 1983 talakawan Kano suka fito suka dangwala wa makulli, alamar PRP, ɗan takararta Sabo Bakin Zuwo ya kayar da Rimi a zaɓen gwamna. Wannan nasara, a ganina, ta fi ta 1979 nauyi, domin babu Malam a kan mumbari.

Abin da ya tsayar da ita juyin mulkin 31 ga Disamba, 1983 ne, da sojoji suka haramta dukkan jam'iyyu. Ta dawo a Jamhuriya ta Huɗu, Balarabe Musa na jagoranta, har ta ci kujerun majalisar wakilai a Bauchi a 2019.