Yarjejeniyar Lokaci Tsakanin Duniyoyi

Yarjejeniyar lokaci tsakanin duniyoyi ƙagaggen tunani ne da ake cin karo da shi a labaran ƙirƙira na kimiyya. A irin waɗannan labarai akan kwatanta cewa duniyoyi suna da yawa, kowace da irin gudun lokacinta, sai mazaunansu su zauna su sa hannu kan ƙa'ida guda: agogon wa za a bi, wa zai tsare shi, wane hukunci ke kan wanda ya koma baya ya taɓa abin da ya riga ya wuce. Babu wannan yarjejeniya a zahiri. Amma ba daga sama marubutan suka tsinto ta ba, domin agogon da ke hannun kowa a yau shi ma ɗan yarjejeniya ne.

Tushenta a tarihi

Kafin zuwan jirgin ƙasa da wayar tangaraho, kowane gari da rana yake auna lokacinsa. A watan Oktoba na 1884 wakilan ƙasashe 25 suka taru a Washington ta Amurka don su tsayar da layin da za a riƙa fara ƙirga lokaci daga gare shi, cikin layukan da aka zana a taswirar duniya daga arewa zuwa kudu. Ƙasashe 22 suka zaɓi Greenwich ta Ingila, San Domingo ta ƙi, Faransa da Brazil suka ƙaurace wa ƙuri'ar. Sai a 1911 Faransa ta daidaita agogonta da na Greenwich. Wannan ja-in-ja, na wa zai bi wa, shi ne ƙashin bayan labaran ƙirƙiran.

A 1967 aka daina auna sakan da motsin duniya, aka koma ga ƙwayar zarrar sinadarin siziyom: kaɗawa 9,192,631,770 ita ce sakan ɗaya. Da yake juyawar duniya ba ta tsaya kan gudu ɗaya ba, daga 1972 aka riƙa cusa ƙarin sakan jefi-jefi, har sau 27, na ƙarshe ranar 31 ga Disamba 2016. A 2022 babban taron ma'auni na duniya ya yanke shawarar barin wannan dabara nan da 2035.

Misali daga Maraɗi

Ba sai an je wata duniya ba kafin a ga lokaci biyu suna zaune wuri ɗaya. Nijar tana gaban Greenwich da awa ɗaya, kamar Najeriya, shi ya sa direban da ya tashi daga Maraɗi ya bi ta Ɗan Isa ya shiga Jibiya ba ya taɓa agogonsa. Sai dai wannan awa an yanka ta ne bisa layin taswira na 15 gabas da Greenwich, alhali Maraɗi tana wajen layi na 7. Tsakanin kowane layi da na kusa da shi bambancin minti 4 ne a lokacin rana, ke nan agogo ya riga rana da kusan rabin awa.

Duk mai so ya gani da idonsa, ya kafa sanda a tsakar gida. Ƙarfe 12 za ta buga inuwa ba ta gama tsukewa ba. Sai wajen sha biyu da rabi take kaiwa ƙarshen gajartarta, tana ɗan gaba ko baya gwargwadon watan da ake ciki. Daga nan ne rana ta yi zawali, azahar ta shiga. Da azumi abin ya fi fitowa fili: mutanen Diffa sun sha ruwa da kusan minti 20 kafin ladanin Maraɗi ya kira magariba, na Yamai kuma su jira wani minti 20 bayansa, duk kuwa da agogonsu ɗaya ne. Ɗan kasuwar da zai ce maka "mu haɗu bayan la'asar", amma ya isa tasha a kan ƙarfen da ke jikin tikitinsa, da lissafin biyu yake aiki, kuma ba ya rikicewa. A ganina wannan gwaninta ce da ba a cika yaba mata ba.

Abin da kimiyya ta ce

Einstein ya nuna a 1905 da 1915 cewa gudu da ƙarfin janyowa suna sauya tafiyar lokaci. Agogon taurarin ɗan Adam na GPS, masu nuna wa waya inda take, yana riga na ƙasa da kusan kashi 38 cikin miliyan na sakan kowace rana, kuma da ba a gyara wannan ba, da taswirar wayar salula ta ɓatar da mai ita. Batun duniyoyi masu yawa kuwa, masanin kimiyya Hugh Everett ya kawo wani salonsa a 1957, amma har yau hasashe ne.

Inda labarin ya fi kusa da zama gaskiya shi ne duniyar wata. Agogo a can yana riga na nan da sama da kashi 50 cikin miliyan na sakan a rana, kuma a 2024 gwamnatin Amurka ta umurci hukumarta ta binciken sararin samaniya, NASA, ta tsara wa wata nasa lokacin.